Makara a Zauren Malam Zakariya

Mainassara magini ne ɗan asalin Yekuwa, amma a shekarun baya in kana son ɓata masa rai, to ka kira shi magini. Shi maso ne, wato magini da Faransanci, haka yake so a ce, tun da ya yi shekara tara a shantiyen Damagaram, wajen manyan gine-gine, ya dawo da metir na awo a aljihu da fensir a bayan kunne. Gajere ne mai faɗin kafaɗa, ga nauyin baki. Za ka gaishe shi ya amsa wa ƙasa. Matarsa Kadi takan ce shekara talatin suna tare bai taɓa ce mata gishiri ya yi yawa ba, sai dai ta ga ya sha ruwa moɗa uku. Mutane suna yaba masa wannan kunya. Ni dai ban tabbata duk abin yabo ce ba.

A hannun kawunsa Dauda ya koyi gini, tun ana kwaɓa laka da ƙafa. Dauda bai san santimetir ba, amma ya san zaure. Ƙofar waje da ta ciki ba sa kallon juna, don kada mai wucewa ya hango matan gida. Wannan kowane magini ya sani. Abin da Dauda ya ƙara shi ne wata gora da ya yanka daidai tsawon makarar masallaci. Kafin a yi wa zaure rufi sai ya riƙe ta a kwance, ya shigo ta ƙofar ciki, ya juya, ya fita ta ƙofar waje. In ta taɓa bango, a rushe bangon. Ba ya yi wa mai gida bayani, mai gida ma ba ya tambaya, kowa ya san wace fita ake wa tanadi.

Da Mainassara ya dawo daga Damagaram, Dauda ya riga ya rasu, gorar kuma wata mata ta mai da ita abin shanya. Bai nemi wata ba. Ina mai metir ina yawo da gora kamar makiyayi? Kuma a gaskiya aikinsa yana da kyau. Daga Yekuwa har Waca ana nuna bangonsa, damina ta zo ta wuce bai tsage ba.

Shekara huɗu da suka wuce Laminu, mai fataucin wake, ya kira shi. Yana so a rushe tsohon zauren mahaifinsa, Malam Zakariya, a yi na siminti, a kuma yanki rabin filin a fitar da ɗan shago mai fuskantar hanya. Ƙofofin ƙarfe ma ya riga ya sayo daga Magarya, suna jingine da bango da shuɗin fenti. Mainassara ya ja metir, ya duba, ya sake ja. Tun bai naɗe metir ɗin ba ya san makara ba za ta juya a zauren nan ba.

Ya buɗe baki zai faɗa, sai ya rufe. Malam Zakariya ya haura tamanin, yana ciki yana fama da ƙafa, daga waje ana jin tarinsa. Yaya zai dubi ɗa a ranar farin cikinsa ya ambaci makara, uban yana kwance bayan katanga? Ai sai a ce fatan mutuwa yake yi wa tsohon. Ya ce a ransa gobe zai faɗa. Gobe aka haƙa tushe, jibi bulo ya kai gwiwa, daga nan kuma faɗar ta zama tonon asirin kansa, don za a tambaye shi me ya hana shi magana tun farko. Aka yi rufi, aka kafa ƙofofi, jama'a suka zo suna ta sa albarka, shi kuma yana amsa amin.

Malam Zakariya ya ƙara shekara biyu, sannan ya cika wata safiyar Talata bayan girbi. Aka aiko da makara daga masallaci. Da yake ba kowa a kanta, masu ɗauka suka tsayar da ita suka karkata, ta shige, ba wanda ya lura da komai. Aka yi wanka aka sa likkafani. A waje sahu ya miƙe har gindin darbejiya, mutanen ƙauyuka sun zo a amalanke, liman yana tsaye a gaba. Mainassara yana sahu na biyu, daidai saitin ƙofa.

Sai aka ji ƙwas, kan makara ya bugi bango. Suka ja baya, suka sake gwadawa, gindinta ya maƙale a ƙofar ciki. Mutum huɗu suna gumi suna raɗa, wannan ya ce a ɗaga, wancan ya ce ba a tsayar da mamaci. Kukan mata ya tsaya cak, don su ma suna jin bugun. Daga ƙarshe aka sauke Malam a ƙasan zaure, aka naɗe shi a tabarma, aka fito da shi a karkace ana tallabe kansa, sannan aka fito da makarar daban. Mutumin da ya koya wa rabin garin karatu ke nan. Mainassara ya ga shuɗin fenti a gefen likkafanin wajen ƙafa. Ya yi sallar, amma bai san kabbara nawa ya yi ba.

Tun a hanyar dawowa daga maƙabarta magana ta fara, kuma ba a kansa ta faɗa ba. Laminu aka sa a baki: son shago ya sa ya matse wa ubansa hanyar fita. Wasu har suka tausaya wa Mainassara, wai maso abin da aka ce masa shi yake yi. Ya ji, ya sunkuyar da kai, ya bari aka ɗauka alhini ne. Wannan shirun na biyu ya fi na farko muni, kuma ya sani. Mata suka rage sayayya a shagon, Laminu ya koma yin salla a sahun baya. Shi kuwa Mainassara ya daina bin layin gaba ɗaya, ya rame, aka kira shi gini a garin Dantchiao ya ce ba shi da lafiya. Kadi ta tambaye shi sau biyu, ya ce zafi ne.

Bayan sadakar arba'in da kwana uku, da hantsi, ya ɗauki guduma ya nufi gidan. Ya tarar da Laminu a ƙofar shago yana tsintar wake shi kaɗai. Suka gaisa, ya sake yi masa ta'aziyya, ya zauna a ƙasa ko da yake an miƙo masa benci.

"Laminu, na zo in rushe bangon nan in gyara. Kuma ina so ka sani, tun ranar da na ja metir na ga makara ba za ta juya ba. Kunya ta hana ni faɗa. Zagin da kake sha nawa ne."

Laminu ya daɗe yana juya wake a faifai.

"Ai mun sani, Maso," ya ce. "Sati guda da gama ginin Baba ya lallaɓo da sandarsa ya auna. Ya ce mini ba za ta juya ba, kuma wanda ya tashi a hannun Dauda ba zai kasa gani ba. Na ce bari in kira ka. Ya ce kul. Wai kai mutum ne mai kunya, in aka gaya maka ba za ka ƙara iya haɗa ido da mu ba. Ya ce shi ranar ba abin da zai ji, a fitar da shi yadda ya samu, kuma kada in taɓa ambatar sunanka ga kowa. Ni na ɗauka idon tsufa ne, shi ya sa na bari aka gwada makarar."

Gudumar tana kan cinyar Mainassara, ya riƙe ta da hannu biyu. Ashe shekara biyu tsohon yana ratsa zauren nan zuwa masallaci, yana amsa gaisuwarsa da fara'a, har yana tambayar lafiyar Kadi.

Laminu ya tashi ya kakkaɓe rigarsa, ya ce an dama fura a ciki, su shiga ya sha kafin ya fara aikin. Ya wuce gaba. Mainassara ya bi shi har bakin ƙofar, ya tsaya, ya daɗe a nan kafin ya iya ɗaga ƙafa.