Gurbin Taɓaryar Hasana

Mas'ud ɗan Birchi ne, amma a Dutsin-Ma yake da ɗan shagon da yake haɗa wa finafinai kiɗa, irin wanda ke bi ta ƙarƙashin magana har mai kallo ya yi hawaye bai san dalili ba. Abokan sana'arsa da fiyano suke farawa. Shi kuwa, Allah ya yi shi da kunnen tsiya. Sai ya ɗauki rikoda ya tafi bakin dam ɗin Zoɓe, ya yini yana sauraron ruwa da kukan shanu da sarewar makiyaya, ya dawo yana murmushi kamar wanda aka yi wa albishir.

Inna Turai, mahaifiyarsa, ba ta taɓa ɗaukar wannan a matsayin sana'a ba. Ga shi jinta ya fara raguwa, abin da ke ci masa rai ke nan. So yake ta ji kanta a cikin kiɗansa kafin kunnen ya rufe.

A zamaninsu, ita da ƙanwarta Hasana babu wanda ya kai su lugude. Turmi ɗaya, taɓarya biyu, wannan ta sauka waccan ta tashi, a cilla sama a tafa a cafe. Hasana ta rasu, injin niƙa kuma ya kashe daka.

Da aka ba shi fim ɗin wata 'yar ƙauye mai kewar gida, ya je Birchi ya lallaɓa Inna ta daka masa gero, shi kuma yana ɗauka da rikoda. Ta daka a hankali, bayan kowane bugu sai ta ɗan dakata. Mas'ud ya ɗauka tsufa ne. Ya koma shago ya yanke duk dakatawar, ya jera bugun tsaf, ya ɗora gurmi da sarewa. Kiɗi ya yi daɗi, darakta har da jinjina.

Ya kawo wa Inna kiɗan da hantsi, ya sa mata abin ji a kunne. Ta saurara, ta ɓata fuska.

"Auta, wanga ba dakana ba ne. Ina ka kai Hasana?"

"Inna, ai ke kaɗai kika daka."

"Ni kaɗai ka gani. Wurin da nike tsayawa, nan taɓaryarta ka sauka."

Kunya ta kama shi. Ya koma ya mayar da kowane gurbi inda yake, ya janye sarewar daga ciki, ya bar shirun.

Tun daga nan aka san kiɗan Mas'ud da wannan ɗan numfashi, wasu daraktoci har suna mita wai yana barin rami. Bai taɓa yi musu bayani ba.

Ranar da ya sake kai wa Inna kiɗan, sai da ya ƙure ƙarar kafin ta ji. Ta lumshe ido a gindin dalbejiya, kanta na kaɗawa. Bugunta ya sauka, shiru ya biyo baya, sai ta ɗaga hannu ta tafa a daidai gurbin.

"Yauwa," ta ce. "Ga ta nan."