Zangon Gishiri Ba Zai Tashi Ba, Alhaji Munkaila

Na Allah ne mu, kuma gare shi za mu koma. Ranar Asabar, 14 ga Nuwamba, 1998, jim kaɗan bayan Azahar, Allah ya karɓi ran Alhaji Munkaila Maidaji a wani asibiti a nan Guangzhou, bayan ya yi kwana tara yana fama da ciwon ƙirji. Ya rasu yana da shekara hamsin da shida. Washegari muka sallace shi, muka kai shi maƙabartar Musulmin birnin, mu goma sha huɗu, da wani limami ɗan Sin da jama'arsa.

Alhaji, shekara uku ke nan da na san ka, tun ranar da na sauka Xiaobei daga Kano, ko gaisuwar mutanen ƙasar ban iya ba. Lokacin mu baƙar fata a unguwar duk an san sunan kowa. Kai ka kama hannuna zuwa kasuwar Shisanhang, ka koya mini in kira mai shago "lauban", ka ce idan ya ce "meyo", wato babu, in nemi wuri in zauna, zai fito da kayan.

Mu tufafi da takalma muke saye, kai kuwa koma da ƙugiya da injin kwalekwale kake nema. Wata rana na tsokane ka, na ce me ya haɗa Bahaushe da teku? Ka ajiye kofin shayi ka dube ni. Ka ce, "Sulaimanu, a bakin teku aka binne kakana da ubana. Zauna ka ji."

A nan na fara jin labarin Zangon Gishiri, ƙauyenku na gaɓar tekun Gana. Kakanka Maidaji Bagobiri ne, falken goro. Tun kafin yaƙin duniya na farko ya isa gaɓar, cuta ta kashe masa jakuna, hanyar komawa gida ta gagara. Sarkin masuntan wurin ya ba shi wani tudun rairayi tsakanin teku da tafki, inda kowa ya ƙi zama saboda ruwan gishiri. Shi da mutum shida suka haƙa rijiya huɗu kafin su sami ruwan sha. Suka dafa gishiri, suka yi bandar kifi suna aikawa arewa, suka auri 'ya'yan masuntan. Sau biyu teku na cinye masallacinsu, sau uku suna ginawa. Yau gidajen sun haura ɗari da hamsin.

Bara waccan wani kamfani ya zo da takarda, zai gina otal a wurin. Takardar ta ce ku baƙi ne, wai bayan samun 'yancin kai kuka zo kuka kama wuri. Ranar da labarin ya iso maka ta waya, ban taɓa ganin idonka ya yi ja haka ba. Ba ka yi zagi ba. Ka tafi unguwar Tianhe ka sayi rakoda da kwalin kaset, ka bar kayanka a hannuna, ka hau jirgi.

Wata biyu ka yi kana bin tsofaffin ƙauyen gida gida. Gwaggonka Inna Rekiya, wadda ta haura tamanin, ta sa aka kai ta maƙabarta, tana nuna kabari tana faɗin sunan mai shi da shekarar da ya kwanta. Da aka aiko maka a ɓoye cewa za a ba ka gida a birni idan ka lallashi mutanenka, ranar Juma'a ka miƙe a masallaci ka faɗa wa kowa. Dattawan da suka fara karaya suka dawo cikin sahu.

Ka dawo mana da kaset goma sha ɗaya. Duk ranar da muke zaman jiran a cika kwantena, kana gefe da rakoda a kunne, kana rubuta maganar tsofaffin kalma kalma, domin a Janairu mai zuwa za a saurari ƙarar filin ƙauyen a kotu. Har a gadon asibiti ka nemi biro, hannunka ya kasa riƙewa.

Ni na buga wa mai ɗakinka Hajiya Habsatou waya. Ta yi salati. Sannan ta ce, "Malam Sulaimanu, ya gama rubutun?" Na ce saura kaset biyu. Ta ce, "To ku ƙarasa ku kawo mini. Ni zan tsaya a gaban alƙalan."

Mun ƙarasa, Alhaji. Mu huɗu muka zauna, Kanawa biyu da Bazazzagi da mutumin Maraɗi, babu wanda ya taɓa taka ƙauyenku. Ranar Talata zan tashi da rubutun. Waɗanda suka ji rasuwarka suka ɗauka hanya ta buɗe musu, su sani sun yi kuskure. Ku ba baƙi ba ne. Ƙasar da mutum ya haƙa wa rijiya, ya binne iyayensa a cikinta, takardar jiya ba za ta kore shi daga ita ba.

Allah ya jiƙanka, ya gafarta maka, ya haskaka kabarinka a wannan ƙasa mai nisa, ya sa Aljanna Firdausi ce makomarka. Ina miƙa ta'aziyyata ga Hajiya Habsatou, da 'ya'yanka Hadi da Saude, da Inna Rekiya, da dukan jama'ar Zangon Gishiri. Allah ya ba ku haƙuri, ya dafa muku ranar zaman kotu, ya bar ku a gidajenku. Amin.

Sulaiman Ɗantani, Xiaobei, Guangzhou