Dankalin da Ya Sa Balarabe Kuka

Akwai wani ƙamshi da yaji ke yi idan ya fara ƙonewa a gefen faranti, lokacin da citta da barkono suka haɗu da man gyaɗa a cikin zafi. Jiya ina kicin ya bugi hancina, sai na tsinci kaina ina dariya ni kaɗai, har maigidana ya leƙo yana tambaya ko lafiya. Lafiya lau. Unguwar Ainu Shams ta Alƙahira na koma, cikin sanyin shekarar 2012, ina 'yar shekara goma sha ɗaya, ɗauke da faranti mai zafi a kai ina hawan bene kamar wadda aka aika da sarauta.

A lokacin Abba yana karatun digirinsa na uku a Alƙahira. Tun ina goye muke can, har Larabcin titi ya fi Hausa zama a bakina. A shekarar ne aka kawo Kaka, mahaifiyar Abba, daga Jos domin a yi mata aikin ido. Yanar ido ta rufe mata duka biyun, ba ta bambance komai sai haske da duhu. Ranar da ta iso da hannu ta shafa fuskata, ta ce a murya dai ba ni da kunya, sauran kuma sai ta gani. Tun daga nan take kirana ƙawata, ni kuwa na liƙe mata, ina ba ta labarin duk abin da ke wucewa ta ƙasan tagarmu.

Matsalar ita ce Kaka ta ƙi cin abinci. Burodin Masar ta ce tabarma ne aka gasa. Waken da suke ci da safe ta ce ko akuyarta sai ta yi tunani. Umma ta yi tuwon shinkafa, ta yi farfesun kaza, ta yi kunu, Kaka ta ɗanɗana ta ture, ta ce ruwan garin ne ba shi da daɗi, komai aka dafa da shi lami yake fitowa. Muna dariyar maganganunta, amma tana ramewa a gabanmu. Likita ya duba ta ya ce ba zai taɓa idon ba sai jikinta ya yi ƙarfi. Ita kuma ta kafe a kan a mayar da ita ɗakinta na Jos, ta ce makanta ba mutuwa ba ce, ta saba. Abba ɗan fari ne, ba ta kiran sunansa, ba ya iya musu da ita. Na ji yana gaya wa Umma cewa idan mako ya zagayo ba ta ci ba, dole ya nema mata jirgi. Na shiga banɗaki na yi kuka, domin na ƙwallafa rai sai ta ga fuskata.

Ni ce na jawo zancen dankali, ba da wata dabara ba, surutu ne kawai. Ina gaya mata yadda mai kayan miya ya tara dankalin turawa a kan amalanke, manya-manya, sai ta yi tsaki ta ce girman banza. Daga nan ta ɓarke da labarin yarintarta a ƙauyukan bayan Jos, yadda suke tono shi da sanyin safiya su binne a cikin toka mai zafi, su ɓare shi yana tururi su dangwali yaji. Tana magana tana haɗiyar yawu, na gani da idona. Na ruga kicin na gaya wa Umma, har ina tuntuɓe da bokiti.

A cikin kayan Kaka akwai wani ɗan gwangwani na yajin da ta daka da hannunta kafin idon ya rufe gaba ɗaya. Barkono ne da citta da kanumfari da masoro da kimba da ƙuli-ƙuli, kuma saura kaɗan a gindi. Ba ta ci, shinshinawa kawai take yi ta mayar. Umma ta durƙusa ta roƙe ta, Kaka ta ce a ɗauka, amma kada a fere dankalin, kuma kada a yi masa rowar albasa. Muka wanke shi tas, Umma ta raba kowane gida huɗu, ta zuba man gyaɗa da gishiri da dakakkiyar tafarnuwa, ta juye yajin duka har tana kwankwasa gindin gwangwanin. Ni na cuɗa da hannu, yatsuna suka yi ja, ina atishawa ina murna. A gefe kuma ta ɗora farfesun kaza, wai ko dankalin zai yi masa jagora.

To, a wannan shekarar gas ya yi wuya a unguwarmu, wanda ya rage mana lallaɓa shi muke yi, ba a maganar kunna tanda. Amma mutanen Masar suna da wata al'ada mai kyau. Idan mai burodin unguwa ya gama gashin safe, tandarsa tana nan da zafi, sai mata su aiko da manyan farantansu, waɗanda suke kira siniya, a gasa musu. Kullum ina ganin yara suna wucewa da su, ina sha'awa. Umma ta sayo sabuwar siniya da murfinta a shagon bakin titi, ta naɗa min gammo da tsohon ɗankwali, na ɗauka na tafi ina taku ɗai-ɗai. Abin da ba mu sani ba, duk unguwar a shagon nan suke sayen tasu, iri ɗaya sak, shi ya sa kowane gida ke da alamarsa. Wasu su karce gefe da ƙusa, wasu su ɗiga fenti. Tamu fes take, ko ƙwarzane babu, kuma ba wanda ya gaya mana.

Bayan azahar na koma. Gidan burodin cike da mata da yara, kowa na miƙa hannu yana kiran tasa, mai burodin yana zaro su da dogon cebur na katako yana jerawa. Ya dube ni, ya dubi jerin, ya ɗora min ɗaya a kai ya ce yalla, wato maza in wuce. Zafinta na ratsa gammon, ni kuwa ban damu ba. Na hau bene ina kiran Kaka tun daga ƙasa.

Aka shimfiɗa ledar cin abinci, aka zaunar da ita, Abba ya dawo daga makaranta da wuri saboda wannan. Kafin Umma ta ɗaga murfin Kaka ta ɗaga hanci ta ce, "Wannan ba nawa ba ne."

Ba nata ba ne kuwa. Dankali ne fererre an yanka shi fale-fale, yana iyo cikin tumatir, da 'yan gutsattsarin nama a sama. Umma ta dafe ƙirji. Yajin Kaka na ƙarshe ya tafi gidan da ba mu sani ba. Kaka ba ta yi faɗa ba, ta dai lalubi bango ta juya mana baya ta kwanta, kuma wannan ya fi faɗa ciwo.

Abba ya suri siniyar, ni ina biye da shi da gudu, ko takalmi ban sa daidai ba. Mai burodin ya juya ta ya ga ɗigon shuɗin fenti a gefe, ya buga goshinsa da tafin hannu yana ma'alish, ma'alish, wato a yi haƙuri. Ya nuna mana benen da ke kallon namu, ya ce ta tsohuwar hawa na biyu ce. Ba mu sha wahalar gane ƙofar ba, tun daga matakala muke jin tari. Ƙofa a buɗe, yara biyu suna fifita harshe da hannu, uwarsu na ɗura musu madara, wata budurwa ta leƙa kai ta taga tana shan iska. A tsakiyar ɗakin kuwa wani dattijo ne zaune da jallabiya, fuskarsa jawur, hawaye na gangarowa cikin gashin bakinsa, ya rungume siniyarmu da hannu ɗaya yana ci da ɗayan. Abba ya fara ba da haƙuri da Larabcinsa na littafi, dattijon ya ɗaga masa hannu alamar ya dakata, ya ƙara jefa wani a baki.

Matarsa, wata tsohuwa gajera mai ƙiba, ita ta ƙwace siniyar da ƙyar. Da na bayyana mata ko na wane ne da dalilin yin sa, sai ta yafa baƙin mayafinta ta ce ba za a ba yarinya saƙo ba, da ƙafarta za ta je, ta sa Abba ya ɗauko duka biyun, tamu da tata. Ta hau benenmu tana haki tana hutawa, ta zauna a bakin katifar Kaka ba tare da an ce mata bismillah ba, ta kama hannunta. Ni ce tafinta, kuma ban taɓa jin daɗin aiki irin na ranar ba. Ta ce a gaya wa Hajiya mijinta ya daɗe bai ci abinci da marmari haka ba, yana kuka yana neman ƙari, kuma ya ce a tambayo ko akwai saura.

Kaka ta juyo a hankali. "Ƙawata, kuka ya yi?"

"Wallahi Kaka, har da majina."

Dariyar da ta yi ban taɓa jin irinta ba, har tana riƙe ciki. Ta tashi zaune ta gyara ɗaurin kallabi ta ce, "Miƙo min in ji abin da ya sa Balarabe kuka."

Abin da ya rage bai fi cikin tafi biyu ba, na gefe-gefe, waɗanda suka fi shan wuta, bawon ya yi ƙamas-ƙamas, cikin ya yi laushi. Ta ɗauki ɗaya ta busa ta ci. Ba wanda ya yi motsi a ɗakin. Ta ɗauki na biyu, ta ce a ba ta romon nan ta kora. Umma ta tashi da sauri har tana take zaninta, Abba kuwa ya fita baranda ya daɗe bai shigo ba. Kafin la'asar Kaka ta cinye dankalin, ta ci cinyar kaza, har ta ɗanɗani na baƙuwar ta ce ba laifi, yaji ne kawai babu.

Washegari tsohuwar ta dawo ta ja mu zuwa shagon masu kayan ƙamshi, Kaka na riƙe da kafaɗata. Da hanci ta zaɓi komai, ana miƙa mata tana shinshinawa tana turewa, mai shagon na ta cewa tamam ya Hajja, wato daidai ne Hajiya. Ƙuli-ƙuli bai samu ba, muka soya gyaɗa. Aka aro mana ɗan turmin tagulla, Kaka ta zauna tana daka, duk benen na amsawa. Daga ranar siniya biyu ke tafiya gidan burodi, tamu da jan fenti a gefe, kuma rabin kowace yana ƙetare titi. Maganar jirgi ba ta sake tasowa ba.

Sanyi na ƙarewa aka yi aikin. Ranar da za a kwance bandejin na nace sai da aka tafi da ni. Ta ƙifta ido, ta ƙifta, ta kai dubanta kan Abba ta ɗauke da sauri saboda kunyar ɗan fari, sannan ta tsaya a kaina. Ta daɗe tana kallona.

"Matso, ƙawata," in ji ta. "Ashe da na tafi da na yi asara."

Ta ƙara wasu shekaru a duniya tana zura zare a allura da kanta, Allah ya jiƙanta. Yanzu ina Kaduna, ina da tanda ta lantarki a kicin ɗina, ina murɗa ta in tafi harkokina, ita ke kirana idan ta gama. Wata ƙawata da ke can har yanzu ta ce yawancin gidajen layinmu kowa na gasa nasa a ciki, da wuya ka ga yaro da siniya a kai. An huta da layi, an huta da rikici, ban ce ba ci gaba ba ne. Sai dai abin da ka dafa kai kaɗai za ka ci, ba wanda zai yi kuskure ya ɗauki naka har ku san juna. Shi ya sa duk ranar da na gasa dankali nakan zuba rabi a faranti in ƙwanƙwasa ƙofar maƙwabciyata. Ba ta taɓa roƙa ba, kuma har yau ban gaya mata dalili ba.