Shekara Tara Bayan Sahabi: Sabon Gem da Tsohuwar Na'ura

Shekara tara ke nan cif da muka kai ƙanena Sahabi makwancinsa a nan Birnin Ƙonni. Da na so in yi abin da aka saba, in jera halayensa na kirki, in roƙa masa gafara, in ajiye alƙalami. Abin da ya faru a shagonsa cikin watan jiya ne ya hana ni. Raina a ɓace na zauna wannan rubutu, kuma ba zan ɓoye ba.

Ga waɗanda ba su san shi ba, Sahabi mai gyara ne. Da rediyo ya fara, ya koma tele, daga baya na'urorin gem suka fara shigowa ta iyaka, ya sayi wata matatta ya buɗe cikinta don ya ga abin da ke ciki. Sai da ya kwana shida a kanta kafin ta tashi. Daga nan ya kafa rumfar kwano kusa da tasha, tele shida da benci uku, teburin gyara a can ƙurya. Masu zama wurinsa manya ne: direbobin kamiyon, manyan motocin kaya, da ke jiran takardunsu su fito daga duwan, wato ofishin kwastan, 'yan kabu-kabu da rana ta koro, 'yan kasuwar da ciniki ya yi wa sanyi. Wasan ƙwallo suke bugawa, ana ihu kamar a fili. Ni malamin lakwal ne a lokacin, wato makarantar boko, Mushe ake ce mini, malam ke nan da Faransanci, kuma ban taɓa ɗaukar wannan sana'a da daraja ba.

Kowace shekara, da an ji sabon gem na ƙwallo ya fito, sai mutane su yi ta zuwa da na'urorinsu a leda, tambaya ɗaya a bakinsu: sabon zai hau tawa? Na sha jin amsarsa. Yakan ce sabon gem kamar lodin albasar Galmi ne da aka auna don kamiyon. Tsohuwar na'ura amalanken jaki ce. Ba lalacewa ta yi ba, ba raini ba ne, ƙarfinta ke nan. Sabuwar na'ura takan iya ɗaukar tsohon gem, kamar yadda kamiyon zai ɗauki buhu biyu bai ji komai ba, amma jaki ba zai ja tan talatin ba ko da an yi masa kirari. Wani ya yi dariya ya tafi, wani ya tafi yana gunaguni ya nemi wanda zai gaya masa abin da yake son ji. Masu gaya masa kuwa ba su taɓa ƙaranci a kasuwa ba.

Ina wurin ranar da Illiyasu ya zo. Mutumin Tajaye ne, ya yi shekara uku yana ci-rani a bakin teku, ya dawo da niyyar ba zai sake barin iyalinsa ba. Duk abin da ya tara ya zuba a na'ura uku, zai buɗe rumfar gem a garinsu. Wanda ya sayar masa ya rantse cewa gem ɗin bana na ciki, har ya nuna masa hoto a jikin kwali. Wayoyin haɗa na'ura kawai ya shigo saye wurin Sahabi. Sahabi ya ce a gwada tukuna. Ya haɗa, ya ɗauki maneti, abin sarrafa wasan, ya buga minti biyu, ya ajiye.

"Malam, wanga ba na bana ba ne. Tsoho ne anka canza ma 'yan wasa riguna da sunaye."

Illiyasu ya miƙe tsaye. "Ƙarya kake! Hassada ce, don ba wurinka nis saya ba."

Sai Sahabi ya juya. Ya kunna tasa tsohuwar a telen da ke gefe, ya sa gem ɗin da ya shekara biyar a rumfar. Fili ɗaya, gudu ɗaya, har faɗuwar mai tsaron gida iri ɗaya. Riguna kaɗai suka bambanta. Illiyasu ya daɗe yana kallon telen nan biyu, sannan ya zauna a ƙasa, ba a benci ba, ya cire hularsa. Ban taɓa mance yadda ya riƙe hular nan ba.

Sahabi bai bar shi haka ba. Kwana biyu ya yi yana wanke cikin na'urorin, ya canza musu fanka, ya koya masa yadda zai riƙa hutar da su in rana ta take. Ya ce masa ya koma Tajaye ya gaya wa mutane gaskiya, tsoho ne mai sabuwar riga, za su buga, don ƙwallo ƙwallo ce. Haka aka yi. Rumfar Illiyasu ta ci da gidansa shekaru, bai koma ci-rani ba.

Ga inda nawa laifin yake. Bayan mako guda wasu masu sayar da irin waɗannan kaya suka same ni a gida, su uku. Suka ce ni ne babba, in ja wa ƙanena kunne, yana ɓata musu kasuwa. Ni kuwa, mai son a zauna lafiya, na tashi na je. Na ce masa ya gyara abin da aka kawo masa ya yi shiru, ba shi aka aiko ya tace ƙaryar duniya ba. Ya ɗago daga kan teburinsa, ƙarfen dalma a hannu.

"Yaya, in ɗalibinka ya ce biyu da biyu biyar ne, shiru kake yi don kar ubanshi shi ji haushi?"

Na juya na fita. Muka yi kusan wata ba mu yi wata doguwar magana ba. Daga baya muka shirya kamar yadda 'yan'uwa ke shiryawa, ba tare da an koma kan zancen ba. Ciwon da ya ɗauke shi kwana huɗu ya yi, zazzaɓi ne da muka raina, muka kai shi likita a makare. Ban taɓa ce masa shi ne da gaskiya ba. Yau na faɗa, a jarida, inda ba zai karanta ba.

To, me zai ce da ya ga yau?

A zamaninsa aƙalla faifai kake saye. Ka riƙe shi a hannu, ka ba aboki aro, ka sayar in ka gaji. Yanzu an ce gem ba ya cikin faifai, yana can sama, sai ka jawo shi ta intanet. Cinikin biri a sama ke nan. Ka biya, a ce ka jira ya sauko, a garin da rezo, wato sabis ɗin intanet, ke zuwa yana tafiya kamar baƙon kunya, kuran kuma, wutar lantarki, a ɗauke shi ana tsakiyar saukarwa. Ya sauko, bayan 'yan kwanaki ya ƙi buɗewa sai an ƙara masa wani abu. Na zauna na ga wannan da idona, ba labari aka ba ni ba.

Kamfanonin da ke ƙera waɗannan abubuwa sun yi 'yan shekaru suna fitar da sabon gem kashi biyu, na sabuwar na'ura da na tsohuwa. Na tsohuwar a rage masa wannan a cire masa wancan, amma dai yana tafiya. Sai wata shekara suka daina. Ba wanda ya tambayi mai rumfa a Malbaza ko Illela. Na yarda akwai gem ɗin da tsohuwar na'ura ba za ta iya da shi ba, Sahabi da kansa ya koya mini wannan. Amma a gaya mini, wane nauyi aka ƙara wa mutum ashirin da biyu da ƙwallo ɗaya tsakanin bara da bana, har na'urar da ta ɗauke su jiya ta kasa yau? Wani lokaci ƙarfi ne ya ƙare. Wani lokaci kuwa ƙofa aka rufe da gangan don ka sayi sabon gida.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne inda tsofaffin suke ƙarewa. Da an gama yayinsu a can, sai a loda su a kawo mana, a goge, a sa a sabon kwali. Mu ne jujin, kuma mu ne masu biya. Mai kawowa ya san an daina yi musu sabon gem. Ba zai faɗa ba. Kowa ya sayi rariya ya san za ta zubar da ruwa, in ji masu magana, amma wannan rariyar a matsayin ƙwarya ake sayar da ita.

Yanzu in zo ga abin da ya faru. Nasiru, babban ɗan Sahabi, shi ke riƙe da rumfar. Magidanci ne, da mata da 'ya'ya biyu, mahaifiyarsa ma a hannunsa take. Tun da wani ya buɗe sabon wuri a bakin babbar hanya da sababbin na'urori, benci ya fara zama fayau. Direbobi su leƙo su tambaya ko akwai na bana, a ce babu, su wuce. Ana cikin haka wani baƙo ya zo da jaka da kwamfuta, mai tsabta, mai daɗin baki. Ya ce yana da dabarar buɗe tsohuwar na'ura ta ci kowane sabon gem, har ya nuna bidiyo a salula. Nasiru ya san abin da ubansa ke faɗa, a kunnensa ya tashi. Amma yunwa ba ta karanta wasiyya. Ya ba shi na'ura uku cikin shida.

Bayan kwana biyu aka aiko da su a kabu-kabu. Biyu ba sa ko kunnuwa. Ta ukun ta kunnu, da tsohon gem a cikin sabuwar riga. Lambar baƙon ta daina shiga.

Na je rumfar da zafina. Na tarar da Nasiru zaune gaban teburin ubansa, na'urorin biyu a buɗe. Na fara faɗa, na ce ɗan Sahabi ne za a yi wa wannan? Bai ɗago ba.

"Baba, na sani. Tun sa'ad da nim miƙa mishi na sani. So nike ya zan gaskiya."

Sai faɗan ya mutu a bakina. Wa zan zarga? Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga, kuma ba Nasiru ya tsaga bangon ba. Waɗanda suka rufe ƙofa a can, da waɗanda suka kwaso shara suka kawo nan, su suka share wa ɗan damfara hanya. Shi ya zo ne kawai ya tsinci abin da suka kayar.

Na ba shi shawarar ya yi shiru, ya rufa wa kansa asiri, kada gari ya ji an yi masa wayo. Kun ga ban canza ba. Ya ce to. Kwana huɗu ya yi a kan na'urorin nan, ya tada ɗaya, ɗayar ta tafi ke nan. A rana ta biyar na je ban same shi ba. Matarsa ta ce ya hau moto, wato babur, tun da safe.

Ashe zagaye ya tafi. Ya fara da mai sabon wurin nan da ya kwashe masa mutane, ya kwatanta masa baƙon, don shi ma yana da tsofaffi biyu a ajiye. Ya wuce Malbaza, ya shiga rumfa-rumfa yana cewa ga abin da aka yi mini, kada a yi muku. Wasu suka yi masa dariya a gabansa, wani ya ce ashe gwanin ma ana cin sa. Washegari ya nufi Illela. A hanyar dawowa ya tsaya Tsarnawa, wurin wani dattijo da ya ajiye aikin tuƙi saboda ciwon baya ya buɗe 'yar rumfa. Ya tarar da shi ya riga ya ɗaure na'urorinsa biyu a kwali, su ke nan gare shi, yana jiran baƙon ya zo bayan la'asar ya karɓa. Nasiru ya ba shi labari. Dattijon ya kwance igiyar. Suka zauna tare har magariba ta gabato. Baƙon bai zo ba, wataƙila labari ya riga ya kai masa.

Ban san ko rumfar Sahabi za ta ga shekara ta goma bayan rasuwarsa ba. Na'ura biyar suka rage, kowace da ciwonta, kuma ba za a ƙara yi musu sabon gem ba har abada. Wata rana ta ƙarshe za ta mutu, a sayar da kwanon rumfar, masu wucewa su mance an taɓa ihu a wurin. Ba zan iya hana wannan ba, fushina ma bai kai kunnen waɗanda nake yi dominsu ba. Sahabi bai bar gida na siminti ba, bai bar suna a jikin wani allo ba. Ya bar ɗa wanda ya gwammace a yi masa dariya a garuruwa uku da a cuci wani yana da labari. Ni da na yi shekara talatin ina koyarwa ban tabbata na bar ɗalibi ɗaya irin wannan ba.

Da ya dawo daga Tsarnawa, fuska duk ta yi baƙi da rana, na tambaye shi me ya sa bai bi shawarata ba. Ya sunkuyar da kai, don yana da kunya.

"Ka yi haƙuri, Baba. Na gwada yin shirun. Abinci ne ya ƙi wucewa."

Allah Ya haskaka kabarinka, Sahabi, Ya yafe maka, Ya yafe wa yayanka.