Sunan Jikar Firdaoussi

Firdaoussi Boubacar shekarunta sittin da ɗaya, mutuniyar Maraɗi ce, tana sayar da atamfa da turaren wuta a wani ɗan shago a unguwar Highbridge, can ƙasar waje. Ɗanta ɗaya ne, Habibou, direban bas. Ya auri Akouvi, 'yar Togo, kuma a watan jiya Allah ya ba su 'ya mace.

Tun a asibiti Akouvi ta ce sunan marigayiya mahaifiyarta za a sa wa yarinyar: Marie-Reine. Da maganar ta kai kunnen Alhaji Issoufou, wan mijin Firdaoussi, wanda shi ke raɗa suna a gidan tun rasuwar ƙanensa, sai ya ce a sake faɗa masa. Aka sake.

"Mai raini?" in ji shi. "Jinin ƙanena za a kira Mai-raini? Ba da bakina ba."

Akouvi ba ta yi musu ba. Ta dai gaya wa Habibou cewa in an ƙi sunan uwarta, za ta ɗauki jaririyar ta koma wurin yayarta a unguwar Jamaica, su yi sunansu su kaɗai.

Firdaoussi ta yi firamare da Faransanci, ta san kalma ta biyu a sunan, Reine, sarauniya take nufi. Abin da ba ta sani ba shi ne dalilin haɗa su. Ta duba a waya. Wani shafi ya ce Marie na nufin abar ƙauna, wani ya ce ɗaci. Ba ta yarda ta tunkari Alhaji da wannan ba. Ana jibi suna ta rufe shago, ta nufi unguwar Parkchester wurin Madam Odile, tsohuwar ƙawar marigayiya uwar Akouvi.

Madam Odile ba ta ɓoye mata komai ba. Marie ita ce Maryam, uwar Annabi Isa. 'Yan Katolika ne ke kiranta sarauniyar sama, daga nan sunan ya fito.

Firdaoussi ta dawo gida. Rabin amsar zai faranta wa Alhaji rai, rabin zai iya rusa komai. Ta zauna gabansa ta faɗa masa duka biyun.

"To kin ji da kunnenki," in ji Alhaji. "Sarauniyar sama."

"Na ji, Yaya. Amma wa zai kira sunan? Habibou zai buɗe baki ya ambaci sunan surukarsa?"

"Bai isa ba."

"Akouvi fa, sunan uwarta?"

Alhaji ya ja carbinsa. "Maryam zan raɗa," ya ce. "Abin da suka rubuta a takarda, su da Allah."

Saura Akouvi. Firdaoussi ta same ta da jaka a buɗe bisa gado. Ta bayyana mata cewa a wurinsu, yarinyar da ta ci sunan uwa ba a kiranta gatsal, don girmamawa, sai a nema mata laƙabi. Akouvi ta tambaya wane laƙabi.

"Sarauniya," in ji Firdaoussi. "Sunan uwarki ne, da bakinmu."

Akouvi ta rufe jakar, ta mayar da ita ƙarƙashin gado.

Ranar Asabar da ta wuce, Firdaoussi ta goya Sarauniya, ta hau jirgin ƙasa mai lamba shida, ta kai wa Madam Odile ita ta gani.