Karyayyun Mutane

Duk wanda ya shigo rumfata ta walda a Funtua tambayarsa ɗaya ce: "Malam, wannan kuma mene ne?" Sai in ce manomi ne. Sai ya ƙara leƙawa, ya ga bakin tsohuwar garma a inda ƙirji ya kamata ya zauna, sarƙar babur a madadin haƙarƙari, kan kuwa murfin tukunya ne da aka lanƙwasa. Wasu su yi dariya a gabana, masu kunya su bari sai sun fita. Ko a jikina. Da safe ina koyar da zane a sakandare, da yamma in zo nan in ƙona idona da wutar walda, kuma ban ga aikin da zan yi musaya da shi ba. Sai dai ba ni na zaɓi wannan hanya ba. Limamin ƙauyenmu ne ya zaɓa mini, shi da bai taɓa riƙe burushin fenti ba.

Ina tsakiyar karatun zane a Zariya aka fara koya mana aikin waɗansu Turawa na farkon ƙarnin da ya wuce. Malaminmu ya ce kyamara ce ta zo ta ƙwace musu sana'ar kwaikwayon fuska, suka kuma ga sassaƙe-sassaƙen da aka kwasa daga ƙasashenmu na baƙar fata, sai suka daina zana abu yadda ido ke ganinsa daga wuri guda. Su farfasa mutum, su nuna maka gabansa da gefensa da ƙeyarsa a lokaci ɗaya. Masu sassaƙa a cikinsu suka bar dutse suka koma haɗa gwangwani da waya da kwali. Ni kuwa haushi abin yake ba ni. Na iya zana fuska har a ce ai wane ne, da shi nake taƙama, ga shi an ce in zauna in ɓata. A raina na ce mutanen nan kasawa suka yi kawai, Allah Ya hore musu bakin kare kansu.

Ana haka sai Kawu, ƙanen mahaifiyata, ya kawo tumatir Zariya daga Danja, ya biyo ya gan ni. Tsautsayi ya sa muka ratsa ta filin da ɗalibai ke shanya mutanen yumɓun da suka gina. Ya ci abincinsa ya tafi. Yana isa gida ya shaida wa Baba cewa gumaka ake koya wa ɗansa. Ban ga laifinsa sosai ba, don Hausa ba ta ba shi wata kalma ba. Wanda aka durƙusa wa gunki ne, wanda mai shago ya sanya wa riga don jawo masu saye shi ma gunki ne.

Da na zo hutu lokacin girbin masara, Baba ya bari na huta, sannan ya kira ni zaure. Ya ce, "Gobe bayan la'asar ka kwaso duk abin da kuke yi a can, Liman zai duba. In gumaka ne, ka gama karatu. Gona dama tana neman hannu." Baba ba ya maimaita magana, ba ya kuma janye ta. Ni kuwa ban san abin da zan zama ba in aka raba ni da fensir.

Yumɓu ban zo da shi ba, takardu ne kawai a jaka. Na san kyawawan fuskokin nan su ne haɗarin, sai na tura su can ƙasa, na ɗora aikin farfasawar da nake jin kunyarsa a sama. Na so in cire fuskokin gaba ɗaya, amma Baba "duk" ya ce.

Muka zauna a tabarma ƙarƙashin mangwaron ƙofar masallaci, mu uku. Liman dattijo ne mai son raha, amma a kan hukunci ba ya wasa. Ya ɗauki takardar farko, ya duba, ya juya ta ƙasa ta koma sama, ya sake dubawa.

"Wannan taswirar wane gari ce?"

"Allah gafarta Malam, mutum ne. Mai gurmi ne yana kiɗa."

"Mutum." Ya matso da ita kusa da ido. "To wa ya yi masa wannan aika-aikar? Ga hanci a wurin kunne, idanun duka sun taru gefe guda. Mota ce ta take shi?"

Na shiga bayanin Turawa da kyamara da kallon abu ta kowane gefe. Ya saurara kaɗan ya ɗaga mini hannu. Ya duba ta biyu da ta uku, kafaɗunsa suna rawa saboda dariyar da yake dannewa. Daga nan ya juya wurin Baba.

"Alhaji, abin da aka hana shi ne mutum ya yi gasa da halittar Ubangiji. To ka taɓa ganin Allah Ya halicci wannan? Ko a kasuwar Dandume ba za ka haɗu da shi ba. Yaron nan bai kwaikwayi kowa ba. In irin wannan ake koya masa, ni ban ga gunki ba, ɓarnar takarda na gani."

Baba ya yi murmushi. A karon farko na ji ƙaunar Turawan nan, na janye duk abin da na faɗa a kansu.

Na fara tattara kayana ke nan, Liman ya sa hannu can ƙasan jakar ya zaro wata takarda. Dariyar ta ɗauke daga fuskarsa. Hoton kakata ce, mahaifiyar Baba, wadda ta rasu ina sakandare ba ta taɓa tsayawa gaban mai hoto ba. Da ka na zana ta, tana kaɗin auduga, kanta a karkace yadda takan yi in tana sauraron magana, har da tsagen da ke kuncinta.

"Wannan kam saura numfashi," in ji Liman a hankali. Ya zaro biro daga aljihu. A wurinmu akwai abin da ake yi wa hoto irin wannan: a ja layi a gitta wuyansa, kamar an raba kai da gangar jiki, shi ke nan ya tashi daga siffar mai rai. Na sha ganin an yi wa hotunan kalanda haka. Ya ce, "Abu ne mai sauƙi. A ja masa layi, magana ta ƙare." Ya miƙa wa Baba takardar da biron.

Baba ya karɓi takardar, bai karɓi biron ba. Ya daɗe yana kallonta. Na ga babban yatsansa, wanda fartanya ta mayar kamar ƙaho, yana shafar gefen takardar a hankali don kada ya taɓa fensirin. Ni dai na sadda kai, na san karatuna yana hannunsa.

"Malam," ya ce, muryarsa ta canza, "uwata ce."

Liman ya dube shi, ya dubi biron, ya mayar aljihu. Ya ce to kada a rataye a bango, a ajiye a rufe, Allah Ya jiƙanta. Muka ce amin.

Baba ya naɗe takardar da kansa ya sa a aljihun babbar rigarsa. Ya miƙe, ya sa takalmi, sannan ya dube ni.

"Ka koma makarantarka. Amma karyayyun nan za ka riƙa yi. Mai kyan, wannan ɗaya ta ishe mu."