Maganin Kaji a Kunun Ɗiyata

Ni ba mai ɗaga murya ba ce. Tun a gidanmu na Bambeye, kafin aure ya kawo ni Tawa, sai an matso ake jin abin da nake faɗi. Mutane sun daɗe suna yaba mini wannan hali, ni ma na daɗe ina jin daɗin yabon.

Shekarar da nake magana, ɗiyata ta uku tana da shekara biyar. Ƙarshen damina ne, ana yankan hatsi, sai mura ta shiga kajinmu. Suna atishawa, idanu sun kumbura, maƙogwaro yana ƙara. Maigida ya je wurin wani mai tebur da ke saida magunguna a bakin kasuwa, ya dawo da wani gari fari mai ɗan rawaya, a ƙulle cikin leda kamar yadda ake ƙulla kanwa. Muka riƙa zubawa a ruwan shansu. Kwana biyar kaji suka miƙe, har zakara ya koma cara.

Ba a yi mako biyu ba yarinyar ta fara tari, jiki da zafi. Na ce, "Malam, a kai ta likita."

Ya ce hatsi na tsaye a gona, tsuntsaye na ci, shi ba ya da ranar zama layi tun safe har azahar. Da marece ya shigo da ƙullin leda ya miƙo mini.

Na juya ƙullin a hannuna. Na ce, "Wanga ba na kaji ba ne?"

"Shi ne. Mai tebur ya ce ƙirji duk ƙirji ne. Rabin ƙaramin cokali cikin kunu, sahe da marece."

"Ba suna bisa, Malam."

"Suna za ta sha ko magani?"

Na kwance ƙullin. Da hannuna na dama shi cikin kunu, da hannuna na riƙe kanta tana tofarwa saboda ɗaci, ina lallashinta, "Haɗiye, uwata, haɗiye ki warke." Kwana uku ina yi. Tana sha tana amai, tarin kuma sai gaba yake. Ran na uku na ɗaga rigarta na ga haƙarƙarinta suna lotsawa ciki duk lokacin da ta ja numfashi.

Na yi shekara biyu ina zuwa karatun manya a wani zaure na unguwarmu. Da Hausa muka koya, ba na jin Faransanci, amma baƙaƙen iri ɗaya ne, abin da na gani ina iya kwafe shi ko ban san ma'anarsa ba. Kuma na san tambayar farko da ake yi a likita: me kuka ba ta? Na sha jin mata suna amsawa, "Ja da rawaya," ko "Wani fari ne," malamar asibiti tana dafe kai. A nan haka muka san magani, da launinsa. Na ƙudura ni ba zan je in ce "wani gari" ba.

Da gari ya waye maigida ya tafi gona. Na goya yarinyar, ƙafafunta har gwiwata, na ɗauki kaye, wato littafin rubutuna, da alƙalamin bik, na hau kabu-kabu. Na ce wa mai babur ɗin ya fara tsayawa bakin kasuwa.

Mai teburin yana zaune da abokan hirarsa suna shan shayi. Ya ce, "Hajiya, a ƙaro?"

Na ce, "Kwalinsa nake son gani."

"Kwali kuma? Lalle yau an aiko muna babbar likita." Suka yi dariya. Ɗaya ya ce, "Ba ta kujera, ga ta da kaye, jarabawa za ta yi maka."

Na sake faɗi yadda na faɗa da farko, ban matsa ba. Sai tari ya sarƙe yarinyar a bayana, ta yi ta yi har ta amayar a gefen teburin. Dariyar ta tsaya. Mai tebur ya sunkuya ya jawo wata babbar jaka mai ƙyalli daga ƙarƙashin tebur ya ajiye gabana. Akwai hoton kaza a jiki. Kusa da kazar an yanke wani wuri da reza, rami mai kusurwa huɗu. Ban tsaya tambayar ramin ba. Na dafa kaye a bakin tebur na kwafe manyan baƙaƙen, guda tara: tiamuline.

A asibiti malamar ta ɗora hannu a ƙirjin yarinyar tana duban agogo, ba ta ko gama ba ta ce a ba mu gado. Ciwon huhu ne. Aka yi mata allura, aka ɗaura ƙarin ruwa. Sannan ta juyo ta yi tambayar, na buɗe mata kaye. Ta karanta, ta sake karantawa, ta ce wannan ba ya cikin magungunan da suke ba mutane. Tana da ƙawa likitar dabbobi, ta kira ta a salula.

Bayan la'asar likitar dabbobin ta zo da kanta, lokacin maigida ya iso daga gona da ƙaiƙayi a rigarsa. Ta taho da irin jakar nan sabuwa, ba a yanke ko'ina ba. Inda na ga rami da safe, hoton alade ne.

Ta zauna bakin gado ta yi mini bayani a hankali, don ta ga ni na kawo sunan. Ta ce magani ne na kashe ƙwayoyin cuta, ana ba kaji idan ƙirjinsu ya kamu, a wasu ƙasashe kuma ana ba aladu. Ta rubuta mini wani dogon suna a ƙarƙashin nawa, pleuromutiline, ta ce wannan ce uwar irin waɗannan magunguna. Daga wata irin laimar kwaɗi aka fara samo ta, sai aka ba ta sunan laimar: farkonsa yana nufin gefe, don daga gefe ƙafarta take fitowa, ƙarshensa kuma abin da aka guntule. Ta ja layi ƙarƙashin wutsiyar sunan da na kwafo, ta ce duk inda na ga wannan wutsiya, ƴan gida ɗaya ne, kamar yadda ake gane dangi da tsagen fuska. A gidan akwai waɗanda aka yi don mutane, har da na shafawa a ƙuraje. Wannan dai na dabba ne, ba wanda ya auna shi don cikin yaro.

Malamar asibiti ta ce, "Kuma abin da ya fi cutar da ita kwana ukun nan da aka ɓata."

Maigida bai ji wannan ba. Tun da ya ga hoton idonsa bai bar jakar ba. Ya ce, "Madam, tsaya. Alade? Alade anka ba ɗiyata?"

"A'a, Malam. Ana ba alade dai, ba daga jikinsa aka yi ba."

"Ba kitse nai, ba jini nai, ba komi?"

"Ba komi. Daga laimar kwaɗi ne."

Sau uku yana tambaya. Sannan ya shafa fuska ya ce, "Alhamdu lillahi. Wallahi yanzu hankalina ya kwanta."

Yarinyar tana bayansa, allura a hannunta, bakinta a buɗe, numfashi yana fita da ƙyar. Na ce, "Malam, juya ka dubi ɗiyarka."

"Mi kinka ce?"

Na sake faɗi, wannan karon har matan da ke gadon ƙarshe suka juyo, wata tsohuwa ta saki ludayinta. Ban taɓa jin muryata haka ba. Ya juya, ya dube ta, ya daɗe yana duba, sai ya fita.

Na zaci kuka ya fita yi. Ashe kasuwa ya nufa. An ba ni labari ya cakumi mai tebur, mutane suka taru, rigima ta kai ga dattawan wurin. Abin da aka tattauna a kai shi ne me ya sa ya ɓoye wa Musulmi hoton alade. Mai tebur ya ce da ya bar hoton ba mai saye, shi ya sa yake juyewa a leda. Ya ba da haƙuri. Maigida ya faɗa musu abin da likita ta ce, cewa ba alade a ciki, laimar kwaɗi ce. Kowa ya ji daɗi, aka yi musafaha aka watse. Ba wanda ya tambaya ko ya kamata a ba yaro.

Kwana takwas muka yi a asibiti. Ran na shida ta nemi fura, na san ta tsallake. Mun dawo gida ta rame, wuyanta kamar na ɗan tsako, kuma har yau in sanyi ya shigo ƙirjinta ke fara kamuwa.

Bayan wata ɗaya wata maƙwabciya ta shigo da jaririnta yana tari. Ta kwance bakin zanenta ta fito da ƙullin leda. Ta ce, "Yaya, cokali nawa kinka riƙa ba taki? Mai tebur ya ce ke kinka bincika da kanki har likita, anka ce halal ne."

Na karɓi ƙullin na juye shi a kwata. Na ce ta gyara goyonta, na ɗauki hijabina, na fita na tsayar mana da kabu-kabu zuwa asibiti.